Takardar ƙarya a rabon gado ba maganar gida ba ce



Kowa ya san gona ta yi wuya a ƙasarmu. Dajin da iyayenmu suka sara ya ƙare. Tun 1961 doka ta ja iyakar noma ta arewa, abin da ke bayanta na kiwo ne. Yau mafi yawan samari ba su da hanyar samun gona sai ta gado. Shi ya sa rabon gado ya zama wurin rigima.

Ga yadda abin yake faruwa. Maigida ya rasu. Ranar rabo sai wani daga cikin dangi ya fito da takarda, ya ce marigayi ya saida masa gonar, ko ya ba shi kyauta. Ga dangwale, ga hatimi, amma ba wanda ya taɓa jin zancen. Matar marigayi da ɗiyanta mata su ne abin ya fi ci. In sun kai kuka, wani lokaci akan ce musu: "Maganar gida ce, ku koma ku shirya."

Ni a ganina wannan amsa kuskure ce, don magana biyu aka haɗa.

Ta farko rabon gado. Wannan kam ta gida ce. Malamai su fid da rabon kowa, mai gari ko sarki ya sasanta, in ba a daidaita ba a je kotu, alƙali ya duba al'adar masu shari'ar.

Ta biyu ƙirƙirar takarda. Wannan laifi ne. Dokar hukunta laifuffuka ta Nijar ta hana yin takardar ƙarya, ta kuma hana aiki da ita. Doka ba ta ce sai in baƙo ya yi ba. Wa ko ƙane ko baffa, laifin ɗaya ne. Mai gari yana da ikon sulhu, amma ba shi da ikon binciken laifi. Aikin jandarma da ɗan sanda ne su karɓi ƙara, su rubuta ta, su sanar da mai shigar da ƙara na gwamnati. Karɓar ƙara ba yanke hukunci ba ne. Bincike ne zai nuna ko takardar ta gaskiya ce.

Wasu za su ce kai ɗan'uwa jandarmeri yana ɓata zumunci. Gaskiya ne abin ba daɗi. Amma wanda ya dangwala yatsansa ya ce na mamaci ne, shi ya fara ɓata shi. Kuma rigimar da aka binne ba ta mutuwa, jikoki ke tono ta.

Mu duba ta fannin noma. Gonar da ake jayayya a kanta ba mai kai mata taki. Ba mai raya ƴan itatuwan gawo a cikinta. Wata ma damana takan wuce ba a shibka ta ba. Rumbun marayu ke zama wayam.

To, mi ya kamata a yi?

In an nuna muku takarda, ku da kuka yi yaƙi da jahilci ku karanta ta da kanku. Ku duba ranar da aka yi ta, da sunayen shaidu, da iyakokin gonar. Ku tambayi shaidun in suna raye. Kada ku dangwala a kan abin da ba ku karanta ba.

In kun ga alamar ƙarya, ku je da shaidunku ku shigar da ƙara. Ku nemi a karanta muku abin da aka rubuta kafin ku sa hannu. In ba a karɓa ba, ku kai kuka kotun Dakoro, ko ku rubuta wa mai shigar da ƙara na gwamnati a Maradi.

Rigakafi kuma ya fi magani. Dokar karkara ta 1993 ta kafa kwamitocin filaye, har aka kai su garuruwa, ana ce musu Kofob. Duk saye, kyauta, aro ko jingina, a rubuta shi a can tun mai gona yana raye, gaban maƙwabtan gonar. Takardar da gari ya shaida tana toshe ƙofar ta ƙarya.

Ramin ƙarya ƙurarre ne, amma sai an yarda an leƙa shi. Allah ya ba mu damana mai albarka.

Malamin gona, Dakoro