Kafin ka zuba kuɗinka a monita saboda GTA VI, tsaya mu yi lissafin 4K ɗin nan

Yau za mu ɗan ajiye labaran Kannywood gefe, ko da yake ba nisa za mu yi da su ba, tunda allon da ake buga gem a kai da rana shi ne dai ake kallon Labarina ko Izzar So a kai idan dare ya yi.

Tun da kamfanin Rockstar ya sanar a watan Nuwamban 2025 cewa ya sake ɗage fitowar GTA VI zuwa 19 ga Nuwamban 2026, lissafi ya fara canzawa a shagunan gem na Kawo da Badarawa da Unguwar Dosa da Tudun Wada har Rigasa. Dalilin kuwa ɗaya ne, gem ɗin ba zai hau PS4 ba. PS5 da Xbox Series X da Series S kawai aka ambata. Shagunan da nake shiga kuwa PS4 ce ke riƙe da su har yau, kuma ba laifinsu ba ne, domin kamfanin EA bai daina fitar da gem ɗin ƙwallo a kanta ba, har FC 26 da ya fito a Satumban 2025. To amma GTA ya rufe wannan ƙofar. Duk mai son ya riƙe kwastomominsa dole ya fara tunanin PS5, ga shi Sony ta ƙara mata dala 50 a Amurka a watan Agustan 2025, ta koma dala 550, PS5 Pro kuma dala 750. Ka buga wannan da farashin dala a yau, sai ka ga ba ƙaramin jari ake magana ba.

Inda nake ganin samari za su yi asara ba wajen sayen PS5 ɗin ba ne, wajen allon da za a haɗa ta da shi ne. Yanzu yayin monita ake yi. Kowa ya ga masu yaɗa wasa a TikTok da YouTube zaune gaban monita mai fitilu ja da shuɗi, kowa na son irinta. Tambayar da ake yi wa mai shago kuma ɗaya ce tal: "4K ce?" Idan ya ce e, an gama ciniki. Ni kuwa a ganina wannan ce tambaya mafi ƙarancin amfani da mutumin Kaduna zai yi.

Duk hoton da kake gani a allo tarin ƙananan ɗigon haske ne, waɗanda ake kira fiksel. Idan aka ce 1080p, ana nufin ɗigo 1920 a kwance, 1080 a tsaye, jimilla sama da miliyan biyu kaɗan. 1440p kuma 2560 ne da 1440, wajen miliyan uku da dubu ɗari bakwai. 4K shi ne 3840 da 2160, sama da miliyan takwas, wato ninki huɗu na 1080p cif. Wannan shi ne kaifin hoto. Akwai kuma lamba ta biyu da ba a cika tambaya ba, wato hoto nawa allon ke sauyawa a sakan ɗaya, ita ce ake rubutawa 60Hz ko 120Hz ko 144Hz. Mu 'yan fim mun saba da hoto 24 ko 25 a sakan kuma ba ya damun kowa, saboda kallo kawai kake yi. A gem kuwa kai ne ke tuƙa abin da hannunka, don haka bambancin 30 da 60 a yatsunka za ka ji shi tun kafin idonka ya gane.

Kafin waɗannan lambobi su iso idonka sai abubuwa huɗu sun yarda da juna: gem ɗin kansa, na'urar, wayar HDMI da ramin da aka soka ta, sannan allon. Wanda ya fi rauni a cikinsu shi ke yanke hukunci. Ka sayi monitar 4K ka haɗa da PS4 ta talaka, 1080p za ka samu, iyakarta kenan. Ka haɗa PS4 ɗin da monitar 1440p, nan ma 1080p za ta tura, monitar ta ja hoton ta baza shi ya cika allo. Da yake 1440 ba ninkin 1080 ba ne, hoton kan ɗan yi dishi-dishi, har wani lokaci ya fi kyau a monitar 1080p mai araha. Mutum ya kashe kuɗi da yawa ya sayo hoton da bai kai na maƙwabcinsa ba.

Ita kanta PS5 da ta fito a Nuwamban 2020 ba ta san da zaman 1440p ba. Kusan shekara biyu masu irin wannan monita suna ƙorafi, sai a Satumban 2022 Sony ta saki sabuntawar da ta ƙara shi. Xbox kuwa tun 2018, zamanin One S da One X, ta yarda da 1440p, Series S ma dama da wannan lambar aka tallata ta. Abin lura a nan ga mai sayen PS5 ta hannu: idan ta daɗe ba a haɗa ta da intanet ba, sai ka sabunta ta kafin zaɓin ya bayyana. A cikin saitin allo da bidiyo akwai wurin da aka rubuta "Test 1440p Output", shi zai gaya maka gaskiyar abin da monitar za ta iya ɗauka, ba sitikar da ke jikinta ba.

Maganar sitika ta kawo ni kan tarkon da na fi ganin yana kama yara. Akwai tsofaffin monitocin ofis 'yan Kwatano birjik a gari, masu inci 19 ko 20, da yawansu 1440 da 900 ne. Yaro ya ji ana cewa 1440, ya ga an rubuta 1440, shi kenan ya ɗauka ya yi tsuntuwa. Alhali wancan 1440 ɗin na kwance ne, na 1440p kuwa na tsaye ne. Monitar 1440 da 900 ko 1080p ba ta kai ba, ɗigonta bai wuce miliyan ɗaya da dubu ɗari uku ba. Da yawansu ma ba su da ramin HDMI, sai VGA mai shuɗin kai, sai an nemo ɗan akwatin da ke juya sigina, a ƙara kashe kuɗi a kan hoton da ya riga ya lalace. Haka talabijin masu inci 32 da suka cika ɗakunanmu, akasarinsu 1366 da 768 ne, ko da an manna musu kowace irin lamba a kwali. Suna karɓar siginar 1080p, amma sai su matse ta zuwa abin da suke da shi. Ba kullum ba ne mai shago yake nufin cuta, wallahi sau da yawa shi ma abin da ke jikin kwali ya karanta. Kai ne za ka duba lambar samfurin a bayanta ka bincika a wayarka kafin ka ƙirga kuɗi.

Su ma manyan kamfanonin ba su tsira daga wasan sitika ba. Kwalin PS5 na farko ɗauke yake da tambarin 8K ɓaro-ɓaro, amma na'urar ba ta taɓa tura 8K zuwa allo ba, har Sony ta cire tambarin daga kwali a 2024. To idan Sony ta yi haka, ina ga ƙaramin kamfanin da ko sunansa ba ka iya furtawa?

Sai kuma waya da rami. Monita za ta iya zama mai 144Hz da gaske, amma ta ramin DisplayPort kawai take ba da shi, ramin da PS5 da Xbox ba su da shi sam. Su HDMI kaɗai suka sani. Ramin HDMI 2.0 yana ɗaukar 4K a 60, ko 1440p a 120. Idan kana son 4K da 120 a tare sai HDMI 2.1, kuma monitoci masu shi tsadarsu daban ce. Su kuma dogayen monitocin nan masu faɗi kamar allon silima, masu lanƙwasa, suna da kyau a hoto amma na kwamfuta ne. PS5 da Xbox ba sa cika su, ko dai ka ga baƙi a gefe da gefe, ko a ja hoton har 'yan wasa su koma gajeru masu ƙiba.

Ko da komai ya yi daidai, shi gem ɗin fa? Nan ne 4K ke zama magana biyu. GTA V da aka sake fitarwa a PS5 a Maris 2022 yana ba ka zaɓi: ko cikakken 4K a hoto 30 a sakan, ko ka samu 60 amma a zana hoton ƙasa da 4K sannan a buɗa shi ya cika allo. Manyan gem da yawa haka suke yi, na'urar ba ta da ƙarfin ba ka duka biyun. Lokacin da Mark Cerny, wanda ya jagoranci ƙera PS5, yake gabatar da PS5 Pro a Satumban 2024, ya faɗa da bakinsa cewa kusan kashi uku cikin huɗu na lokuta masu wasa santsin motsi suke zaɓa a kan kaifin hoto. Wato mutanen da suka mallaki talabijin ɗin 4K na gaske, su da kansu suke sauka daga 4K ɗin idan an ba su zaɓi. Ni hasashena GTA VI, da irin girman garin da aka nuna a tallansa, zai fi na baya matsa wa na'urar, ba sauƙi zai yi mata ba.

Ga kuma abin da masu bita na Turai ba sa sakawa a lissafinsu: wuta. PS5 na jan kusan watt 200 idan ana gem mai nauyi, fiye da ninki biyu na siririyar PS4. Awa goma a rana yunit biyu kenan a na'ura ɗaya, ban da allo da fanka. Tun Afrilun 2024 'yan layin Band A suke biyan sama da naira 200 a kowane yunit, waɗanda ba sa layin kuma janareta ce abokiyar zamansu, da fetur ɗin da kowa ya san yadda ya koma tun cire tallafi a Mayun 2023. Ba mu manta da Oktoban 2024 ba, lokacin da Arewa ta shafe sama da mako guda cikin duhu. A nan monita take da hujja mai ƙarfi, domin mai inci 24 ko 27 wutar da take ci ba ta kai rabin ta babbar talabijin ba. Ga wanda ke kan sola da inbata, wannan bambancin shi ne ko batir ya kai shi sha biyun dare ko ya mutu ana tsakiyar wasa.

Amma fa monita ba ta kowa ba ce, kuma a nan nake raba gari da masu yayinta. An yi ta ne don mutum ɗaya, zaune kusa, tazarar hannu. Idan kai ɗan Call of Duty ne ko Fortnite, kana ɗakinka kai kaɗai, monitar inci 27 mai 1440p da 120Hz ta ramin HDMI ita ce daidai da PS5, ta fi maka monitar 4K mai 60Hz nesa ba kusa ba, don waɗannan gem ɗin suna iya kai wa 120. Idan kuɗin bai kai ba, inci 24 mai 1080p da 120Hz ba abin kunya ba ce. Shagon gem kuwa wani abu ne daban. Mutum biyu ne a benci, biyar a tsaye a bayansu suna ihu, ana jiran layi. FC kuma a 60 yake tafiya, ko ka kawo monitar 240Hz ba zai ƙara ko ɗaya ba. Sannan da yawan monitoci ba su da sifika, masu ita ma sautin kamar na ƙaramar rediyo, PS5 kuma ba ta da ramin sauti a jikinta sai wanda ke jikin hannun wasa. Ƙwallo ba muryar mai sharhi, ba ihun 'yan kallo, wa zai biya kuɗin wannan? Mai shago talabijin ta inci 43 yake buƙata, kuma daga tazarar mita biyu ido ba ya iya raba 1080p da 4K a wannan girman. Abin da zai nema shi ne ta zama 1080p ta gaske aƙalla, kuma tana da "Game Mode", wanda ke kashe kwalliyar da talabijin ke yi wa hoto don kada a samu jinkiri tsakanin danna maɓalli da motsin ɗan wasa. Rabin faɗan "wallahi na danna bai buga ba" daga nan yake.

Wasu za su ce to a koma Series S mana, tunda ta fi araha, ba ta cin wuta sosai, kuma GTA VI zai hau kanta. Gaskiya ne, kuma da monitar 1080p ko 1440p sun dace kamar an auna. Matsalarta ba ta da wurin saka faifai. Komai sai an sauke daga intanet, gem ɗaya na iya haura gigabait 100, ga kuɗin data da hukumar NCC ta amince a ƙara da kashi 50 cikin ɗari a Janairun 2025. Mu da muka saba da musayar faifai da sayen na hannu, wannan ba ƙaramin cikas ba ne.

Ita ma datar ce ke yanke hukunci a ɓangaren kallo. Nawa ne a cikinmu suke kallon sabon shiri a YouTube a kan 1080p? Yawanci 360p ne ko 480p don kada data ta ƙare kafin a kai ƙarshen zango. Ka ɗora 480p a kan allon 4K kana zaune dab da shi, fuskar jaruma sai ta koma kamar an shafa mata man shanu a kan gilashi. Ƙaramin allo mai 1080p ya fi rufa wa irin wannan hoton asiri.

Don haka duk wanda zai shiga shagunan kayan lantarki na Ahmadu Bello Way ko Kasuwar Gumi da niyyar sayen allo, ya tafi da na'urarsa a jaka da wayar HDMI ɗin da ta zo da ita a kwali. A haɗa a gabansa, ya shiga saiti ya buɗe bayanin siginar bidiyo, a Xbox kuma wurin da aka rubuta "4K TV details", ya ga lambobin da na'urar ta yarda da su. Idan allon ya yi baƙi bayan an canza saiti kada hankalinsa ya tashi, ya kashe PS5 ɗin, ya danne maɓallin kunnawa har ya ji ƙara ta biyu, daga nan zai iya mayar da siginar yadda take. Wanda kuma GTA VI kaɗai yake jira, ya riƙe kuɗinsa tukuna. Gem ɗin da aka ɗage sau biyu, gara a bari ya fito a ga a kan lamba nawa yake tafiya a PS5 kafin a saya masa allo.