Kvell: Alfaharin Da Ke Ɓuɓɓugowa

A wannan mako za mu leƙa wata kalma da Turancin Amurka ya aro, wato kvell. Ma'anarta mutum ya cika da murna da alfahari saboda abin kirkin da nasa ya yi, musamman ɗa ko jika.

Asalinta daga Yidish ne, harshen Yahudawan tsakiya da gabashin Turai, wanda ake rubutawa da haruffan Ibrananci. A can ana cewa kveln, kuma tushenta ɗaya da quellen ta Jamusanci, wato ɓuɓɓugowar ruwa daga ƙasa. Tsakanin 1880 da 1924 Yahudawa fiye da miliyan 2 suka yi ƙaura daga gabashin Turai zuwa Amurka, suka tafi da harshensu. A 1968 Leo Rosten ya fitar da littafinsa The Joys of Yiddish, wanda ya ƙara yaɗa irin waɗannan kalmomi.

Me ya sa Turanci ya aro ta alhali yana da kalmar alfahari? Saboda tasa tana iya nufin girman kai, ita kuwa kvell ba ta da wannan ƙura. Murna ce don wani, kuma tana tasowa kamar idon ruwa, mai ita bai iya danne ta.

Mu ma "alfahari" daga Larabci muka aro ta, don haka aro ba abin kunya ba ne. Matsalarmu ita ce mun mayar da ita rigar kowa. Taƙama alfahari, fankama alfahari, murnar uwa ma alfahari. Sai mu rubuta "ta yi alfahari da ɗanta", mu wuce, mai karatu bai ga komai ba.

Ba kira muke yi a cusa kvell cikin Hausa ba. Darasinta shi ne hoton da ke cikinta. Ku tuna uwar Bahaushe da alkunya ta hana ta ko ambatar sunan ɗanta na fari. Ranar saukarsa ta Alƙur'ani ba za ta yi guɗa ba. Za ta sunkuyar da kai, ta shige madafa, ta ƙara wa baƙi tuwo fiye da kima. Ruwan na ɓuɓɓugowa, kara ce ta rufe shi.

Wannan shi ne aikinmu: mu nuna ta inda ruwan ya ɓullo. Allah Ya ƙara mana basira.