Mu Daina Yi Wa Benis Zaman Makoki

Mu marubuta da masu zane da 'yan boko muna da wani mugun hali: gari ba ya burge mu sai mun ga yana shure-shuren mutuwa. Dubi yadda muke yi da Benis, birnin nan na Italiya da aka gina a kan ruwa, inda kwale-kwale ya maye gurbin mota.

Halin ya daɗe. A 1912 Thomas Mann ya fitar da labarin wani marubuci da ya je Benis hutu, kwalara ta kashe shi. A can mawaƙi Wagner ya cika a 1883. Stravinsky da Brodsky a New York suka rasu, amma sai da aka kai gawarsu tsibirin San Michele aka binne. Mun mai da garin mutane maƙabartar manya, muna kiran haka ƙauna.

To ina masu garin? A 1951 mutum kusan 175,000 ke zaune a tsohon birnin. A 2022 ba su kai 50,000 ba. Ambaliya ta kori wasu, tsadar haya ta kori da yawa, kuma da hannunmu a ciki. Duk lokacin Biennale, baje kolin fasahar da aka soma tun 1895, mukan cika garin, mu kama ɗaki na mako guda a kan kuɗin da malamin makaranta ba zai iya biya ba. Mai gida kuwa ba wawa ba ne, ya san wanda zai ba mabuɗi.

A Nuwamban 2019 ruwa ya kai santimita 187. Masu shaguna suna kwarfe ruwa da bokiti, mu muna neman inda hoton zai fi kyau.

Za a ce ai muna kai musu kuɗi. Gaskiya ne. Amma tun 2024 akwai ranakun da mai ziyarar yini sai ya biya kuɗin shiga. Garin da ake yankar tikiti kafin a shige shi ya kama hanyar zama gidan kallo.

Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. In za mu rubuta Benis, mu bar faɗuwar rana ta huta. Mu zauna da matuƙin jirgin haya, da mai tura amalanken shara a kan matakalar gada, da uwar da ke neman gidan haya kusa da makarantar ɗanta. Masu garin suna da rai, kuma ba su gayyace mu ta'aziyya ba.