Raina kotu: A fara da mai riƙe da fayil

"Ba a kammala bincike ba." Da wannan amsa ake mayar da dubban mutane gidan gyaran hali, alhali ba a fara sauraron shari'arsu ba. Kusan kashi biyu cikin uku na fursunonin Najeriya masu jiran shari'a ne.

Dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015 ta ƙayyade tsarewar jiran bincike: kwana 14, a iya ƙara 14, sannan kotu ta nemi hukuma ta kawo hujjar ci gaba da tsarewa, in babu a saki mutum. Alƙalin da ya sa ranar kawo rahoto aka yi biris da shi yana da damar tuhumar jami'in da raina kotu. Ba kasafai ake yin hakan ba.

In ma an yi, sama ake nufa. A Nuwamban 2022 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke wa Babban Sufeton 'Yan Sanda na lokacin, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku saboda ƙin bin umarnin 2011 na mayar da wani ɗan sanda bakin aiki. Ko kwana ɗaya bai yi ba, cikin makonni kotun ta janye hukuncin.

Fayil ba a teburin sufeto yake kwana ba. Alƙalai su riƙa rubuta sunan ɗan sanda mai bincike da na DPO a cikin umarninsu, tare da ranar dawowa. In kuɗin mai ne babu, kamar yadda ake yawan cewa, su zo su faɗa a gaban kotu a rubuta.