An Kama Maka Tifar Yashi? Ka Nufi Lauya, Ka Bar Zaman Ƙofar Gidan Oga

'Yan uwa matasa, akwai wata ɗabi'a da ya kamata mu yi wa taron dangi. Da zarar an kama tifa da zargin ɗaukar yashi ba bisa ƙa'ida ba, sai mai mota ya bazama neman wanda ya san wani. Yau gidan honorabul, gobe gidan ciyaman, jibi a haɗa na goro a kai wa "oga". Wata ya wuce, taya ta sace, batir ya mutu, direba da 'yan lodi suna zaune ba na cefane. In ma an saki motar, an mayar da kai bawan wanda ya buga waya, ranar zaɓe zai zo karɓar bashinsa.

Mu faɗi gaskiya, yashi ma'adini ne. Sashe na 44(3) na kundin tsarin mulkin 1999 ya damƙa ma'adinai a hannun Gwamnatin Tarayya, kuma dokar haƙar ma'adinai ta 2007 ta ce sai da lasisi ake ɗiba don kasuwanci. Mai ƙwaƙule gindin gada ko cinye gonar talaka ba gwarzonmu ba ne. Amma zargi daban, hukunci daban. Sashe na 36 ya ce mutum ba shi da laifi sai kotu ta tabbatar. Sashe na 44 kuma ya yarda a riƙe dukiya na ɗan lokaci domin bincike. Na ɗan lokaci fa aka ce! Bai ce a ajiye mota har ta zama gidan ɓeraye ba.

To mene ne abin yi?

Na farko, ka nemi takardar da aka rubuta abin da aka ƙwace. Sashe na 10 na dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015 ya wajabta wa ɗan sanda ya rubuta kayan wanda ya kama, a sa hannu, a ba shi kwafi. Jihohi sun yi irin wannan doka, Kano ta yi tata a 2019.

Na biyu, ka rubuta buƙatar a ba ka motar bisa beli, ka haɗa da takardun mota da rasit ɗin wurin da aka yi lodi. Wannan sashen ya ba da damar haka. Idan an ƙi, dole a kai wa kotu rahoto, alƙali kuma yana da ikon ya ce a saki.

Na uku, idan an ƙi gurfanar da kowa, an kuma ƙi sakin mota, sashe na 46 ya buɗe maka ƙofar Babbar Kotu don kare haƙƙinka, har ka nemi diyyar kwanakin da ka yi asara. Marar ƙarfi ya tuntuɓi hukumar ba da tallafin lauya ta gwamnati.

Na san masu cewa, "Kai, kotu ɓata lokaci ce, gara a sasanta." Sasantawar nan ce ta kawo mu inda muke. Wanda ka ba dubu hamsin yau ya gane gonarsa ke nan, mako mai zuwa yana nan a kan hanya yana jiran ka. An sayar da kare an sayi biri. Umarnin kotu kuwa a rubuce yake, wanda ya take shi ya san abin da ke jiran sa.

Su kuma manyanmu masu son a riƙa yi musu layi a ƙofar gida, in da gaske kuke, ku ɗauki nauyin lauyoyi ga ƙungiyoyin direbobin tifa, ku taimaka musu su samu lasisi. Wannan ne aikin da za mu yaba.

Ku tura wa duk direban da kuka sani. In kunne ya ji, jiki ya tsira.