Ƙabilar Roma: Tafi a Gidajen Sinima, Kora a Birane

A watan Afrilun 2025 hukumomin Sofiya, babban birnin Bulgeriya, suka rushe gidajen 'yan ƙabilar Roma a unguwar Zaharna Fabrika, mutum kusan 200 suka wayi gari ba su da makwanci. Faransa ta yi makamancin haka a 2010, lokacin da gwamnatin Nicolas Sarkozy ta tarwatsa sansanoninsu, ta tasa ƙeyar dubbai zuwa Romaniya da Bulgeriya.

Roma, waɗanda asalin kakanninsu arewacin Indiya ne, sun kai miliyan 10 zuwa 12 a Turai. Matsalarsu sarƙa ce: gidan da ba shi da takarda ba ya ba mutum adireshi, marar adireshi kuwa yakan sha wahala wajen samun katin shaida, aikin albashi da inshorar lafiya.

Masu shirya fina-finai sun daɗe da hango wannan. A 1988 Emir Kusturica ya nuna yadda ake kai yaran Roma birnin Milan bara da sata a fim ɗinsa Time of the Gypsies, sai dai masu suka na ganin irin wannan hoto yana ƙara ƙarfafa mummunan zaton da ake yi musu.

Danis Tanović na Bosniya ya bi wata hanya a 2013. A fim ɗinsa An Episode in the Life of an Iron Picker, Nazif Mujić, mai sana'ar gwangwan, da matarsa Senada suka maimaita abin da ya same su a zahiri: ta yi ɓari, aka ƙi yi mata aiki saboda ba ta da inshora. Mujić ya lashe kyautar gwarzon jarumi a bikin fina-finai na Berlin. Bayan nan ya nemi mafaka a Jamus aka hana shi, talauci ya tilasta masa sayar da kyautar kan Yuro 4,000, ya rasu a 2018.

Labarinsa ya nuna iyakar abin da fim zai iya yi: yana jawo tausayi, amma izinin gini da rajistar mazauna suna hannun magadan gari. Tsarin Tarayyar Turai kan Roma na 2020 zuwa 2030 ba doka ba ce mai tilastawa. Muddin ba a hana rusau ba tare da tanadin wani matsuguni ba, abin da ya faru a Sofiya zai ci gaba da maimaituwa.