A Share Sito Kafin Sabon Hatsi Ya Shigo

Kaka ta ƙarato, shi ya sa muke jan kunnen juna a kan sharar sito da buhu.

A ƙasashen Turai akwai masu kiwon wani baƙin ƙwaro don tsutsarsa. Suna ciyar da kaji da kifi da ita, har a 2021 Tarayyar Turai ta yarda mutane su ci busasshiyarta. Me suke ba shi? Dusa, da duhu, da ɗumi. To, sitonmu da ba a share ba, me ke lungunsa in ba waɗannan ba? Ashe kiwo muke yi ba mu sani ba. Su ma da ke son ƙwaron sukan tankaɗe kashinsa da rariya, su wanke mazubi ya bushe, don danshi da fumfuna kada su ɓata musu kiwo. Ina ga mu da ƙwaro ke ci wa jari?

Ƙwaron wake a jikin ƙwaya yake ƙwai, cikin wata guda na zafi ɗansa ya huda ya fito. Ragowar bara da ta maƙale a ɗinkin buhu ta isa ta cinye sabon kaya. Wake ɗaya ke ɓata gari.

Wani zai ce ai akwai magani. Ku tuna a 2015 Turai ta hana shigar da busasshen waken Nijeriya saboda maganin ƙwari da aka samu ya yi yawa a ciki. Wanda ya yayyafa fiya-fiya a abinci ya cuci mai saye, ya jawo wa kasuwa duka baƙin jini.

Shawararmu, a kwashe sito ƙarƙaf, a share, a ƙone sharar, a liƙe tsaguwar bango. Tsohon buhu a juya cikinsa, a kakkaɓe, a shanya a rana. A jera kaya bisa katako, nesa da bango, kada a gama na bara da na bana. Wake kuwa, in ya bushe sarai, a zuba a buhu mai leda biyu a ciki, a ɗaure tam, rashin iska ya kashe ƙwaron.

Ku dillalai, in kun soka buhu kuka ga gari, ku faɗa wa mai saye gaskiya. Kuɗin tsintsiya bai kai na tiya ɗaya ba.

Allah Ya ba mu kasuwa mai albarka. Wassalam.